Tawada Ce Na Ɗauka

Na daɗe ina juya wannan magana a raina kafin in yarda in rubuta ta. Sau uku ina sayen littafin rubutu dominta, sau uku jikokina suna ɗauke shi su cika da aikin makaranta, don sun ga na bar shi babu ko layi ɗaya. Ba mantuwa ce ta hana ni ba, har launin bokitin da ke ƙarƙashin gadon asibitin ina iya faɗa. Tsoro nake ji kada wani ya karanta ya ce na raina rubutun sha, ni kuwa Allah ya sani ban taɓa raina shi ba, har yau ina sha. Kuma karatuna bai wuce aji shida ba, wa ya aike ni maganar likitoci? Amma waɗanda nake jin kunyarsu duk sun riga mu gidan gaskiya, ni ma ƙafa ta fara nauyi, kuma akwai tambayar da ba na so a binne ni da ita.

Lokacin ba a daɗe da tayar da mu daga tsohon Zongo na cikin garin Lome ba, aka kai mu can bayan unguwar Agoè, inda zuwa asibiti sai ka shiga taksi biyu. Maigidana albasa yake sayarwa. Ranar wata Asabar ya hau saman babbar mota zai kwance tamfol, igiya ta tsinke, ya faɗo ta ka. Ko da na isa asibiti an riga an shigar da shi ɗakin da suke kira reya, inda ake ajiye waɗanda ke tsakanin rai da mutuwa. Ba ya magana, ba ya buɗe ido. Ga ƙarin ruwa a hannu, ga wani siririn tiyo da aka zura masa ta hanci har cikin tumbi, an manne bakinsa da filasta a kumatu.

Mutum ɗaya ake yarda ya zauna wa mara lafiya, shi ma da rana kawai. Dangi suka ce ni zan zauna, ba don ni ce matarsa kaɗai ba, sai don ina jin Faransanci kaɗan kuma ina iya duba agogo. Daga shida na safe zuwa shida na yamma ina kan wata kujerar ƙarfe a gefen gadon. Bayan nan sai in koma baranda, inda masu jinya ke shimfiɗa tabarmi. Kwana goma sha biyu ban taka ƙofar asibitin nan ta waje ba. Ko banɗaki zan je da gudu nake zuwa, don ina ganin kamar da na ɗaga ido daga ƙirjinsa numfashin zai tsaya.

Babbar nas ta ɗakin wata mace ce gajera, 'yar ƙabilar Ewe, mai faɗa kamar soja. Ba ta taɓa tambayar sunana ba, Awusa take kirana, kamar yadda suke kiran Hausawa. Ni kuwa Madam nake ce mata. Ranar Litinin ta ba ni takardar magani a sayo, aka kawo wata babbar kwalba mai farin ruwa mai kauri kamar kindirmo. Na karanta jikin kwalbar a hankali har sau biyu, na ga maganin ciki ne. Hankalina ya tashi, na ce ko an haɗa takardarmu da ta wani. Na je na tsaya a bayanta.

"Madam, shi a kai ya bugu. Bai taɓa ciwon ciki ba, yaji ma da cokali yake ci."

Ta juyo ta dube ni sama da ƙasa. "Awusa ta zama likita? Zo nan." Ta ja ni bakin gadon, ta ɗora hannunta a kan cikinsa. Ta ce idan mutum ya yi mummunan rauni ko ciwo ya kai shi ƙasa sosai, jini yakan bar tumbi ya tafi inda ake yaƙi, wato kai da zuciya. Shi kuwa tumbi bai san an yi hatsari ba, ruwan tsamin nan nasa yana ta zuba, ga babu abinci. Sai ya fara cin kansa, kamar tsohon zane da aka bari a cikin ruwan sabulu mai ƙarfi. Kafin a ankara gyambo ya buɗe, jini yana tsiyaya a ciki ba wanda ya gani. "Na ga waɗanda kai bai kashe su ba, ciki ya kashe su," in ji ta. "Wannan farin abin shi ke kashe tsamin. Duk awa biyu. Kin iya awa biyu?"

Na ce na iya.

Nas biyu ne kaɗai a kan gadaje da yawa, don haka ta koya mini. Ka buɗe bakin tiyo, ka sa babban sirinji, amma kafin ka tura komai sai ka fara ja baya kaɗan, ka ga abin da ya fito daga ciki, ka zuba a ɗan kwanon silba ka duba. Idan fari ne, ko ruwan ɗorawa, ko kore-kore, ba komai. Idan ja ne, ko ya yi baƙi da ɗigo-ɗigo kamar garin kofi da ya kwanta a gindin kofi, to jini ne da ya daɗe a tumbi, a kira ta da gudu. Daga nan sai maganin, sai ɗan ruwa a kora. Ta ɗaga yatsa har yana kusan taɓa hancina.

"Abin da ban ba ki ba, ba ya shiga tiyon nan. Na san ku. Wancan watan na kori wasu da tulun sassaƙe, har yau ba su sake ganin ɗan'uwansu ba sai ta taga."

Zamanin nan in mai farin kaya ko mai kaki ya faɗi magana, ba a cewa don me. Hoton shugaban ƙasa na rataye har a bangon ɗakin reya, mutane kuma sun saba rage murya ko maganar farashin gishiri suke yi. Mu 'yan Zongo tsoronmu ya fi na kowa, don ko a Lome aka haifi kakanka, da ka ɗaga murya za a tuna maka cewa kai baƙo ne. Na ce, "To, Madam," kuma har cikin zuciyata nake nufi.

Kwana biyu na yi aikin nan ba kuskure. Ina duba agogon bango, in duba na hannun maigida da na ɗaura, in sun saɓa da minti ɗaya sai in rasa wanda zan bi. Maƙwabciyar tabarmata a baranda, wata dattijuwa 'yar unguwar Amoutivé mai sayar da busasshen kifi da ke jinyar ƙanwarta, takan yi mini dariya. "'Yar Zongo, ki ci tuwo mana. Agogon ba zai gudu ba. Ku dai mutum ɗaya ya kwanta sai ku kwaso unguwa guda, kuna ta sannu sannu kamar kuna tankaɗe gari, amma ba mai karɓarki ki yi wanka." Nakan ce, "Dada, bari kawai." Ita ke ɗebo mini ruwan alwala.

Ranar Laraba da hantsi surukina ya zo. Baba tsohon alaramma ne, hannunsa ya fara rawa, idonsa ya fara hazo. Maigidana shi ne ɗansa na fari, saboda haka tunda aka haife shi Baba bai taɓa kiran sunansa ba, bai taɓa cin abinci kwano ɗaya da shi ba, bai taɓa yabonsa a gaban mutane ba. Ko da aka kwantar da shi, Baba bai shiga ɗakin ba. A ƙarshen baranda ya tsaya, ya juya baya ga ƙofar, aka kira ni. Na durƙusa nesa kaɗan, kaina a ƙasa. Ya zaro wata kwalba daga aljihun babbar rigarsa, an toshe bakinta da tsumma mai tsabta, ya ajiye a ƙasa tsakaninmu. Na ga yatsunsa duk tawada, har cikin farce.

"'Yar nan, mutumin naki zai iya haɗiya?"

"A'a, Baba. Ta hanci ake ba shi."

"To, ta hancin. Allo bakwai ne. Kada ya kwana."

Wanda bai tashi a cikinmu ba zai ce me ya hana in faɗa masa an hana. Shekara tara ina gidan mutumin nan ban taɓa haɗa ido da shi ba, maganar da ta taɓa shiga tsakaninmu ba ta wuce gaisuwa ba. Kuma na san kwalbar nan ita ce duk abin da zai iya gaya wa ɗansa. In ce masa wata mata da ba ta sallah ta hana ayar Allah shiga cikin ɗansa? Bakina ba zai iya ba. Na sa hannu biyu na ɗauka, na ce, "To, Baba."

Na koma kan kujerar ƙarfe da kwalbar a ƙarƙashin mayafi, tana taɓa cikina da sanyi. Na yi tunanin in shafa masa a goshi da ƙirji, in ce ya sha. Amma Baba ba shafawa ya ce ba, kuma gobe zai tambaya, ni kuwa ƙarya ga suruki a kan rubutu ta fi ƙarfina. Na yi tunanin in roƙi Madam. Sai na tuna waɗanda ke leƙen ɗan'uwansu ta taga. Idan aka kore ni, wa zai riƙa duba awa biyu? A ƙarshe na ce wa kaina, ai ruwa ne da ɗan gawayi da ƙaro, ruwa kuwa ita da kanta ta ce a kora da shi. Da ta shiga ofis, na zuba a sirinji na tura da bisimilla, rabi da safe, rabi da azahar.

Da na ja na gaba, abin da ya fito ya yi toka-toka. Na duba da kyau, sannan na gane tawada ce. Na wanke kwanon da sauri.

Alhamis Baba ya sake kawo wata kwalbar. "Ya sha?" Na ce, "Ya sha, Baba." Ya ce, "Madalla," muryarsa ta ɗan karye, ya yi tari ya rufe. Ranar da ƙarfe huɗu na yamma na ja sirinji, sai ga abu ya fito ya fi na jiya duhu, ba toka ba, wajen ƙasa-ƙasa, da wasu ƙananan ɗigo suna yawo a ciki. Na kai kwanon bakin taga na karkata shi. Na ce wa kaina idon Baba ya raunana, bai niƙa gawayin tawadar da kyau ba. Madam na can gado na uku tana fama da wani, ta ɗaga murya ba ta juyo ba.

"Awusa, wace kala?"

"Ba ja ba ne, Madam."

Gaskiya na faɗa, ba ja ba ne. Na sha maimaita wa kaina wannan a cikin shekarun nan, bai taɓa sanyaya mini rai ba.

Juma'a ma Baba ya kawo kwalba, na ba shi, duhun ya ƙaru. Duk awa biyu sai in ja, in duba, in wanke kwanon kafin kowa ya wuce. Na zuba sauran rubutun kaɗan a murfin kwalba na ajiye kusa da kwanon ina gwadawa. Wani lokaci in ga iri ɗaya ne, wani lokaci in ga ba su ko yi kama ba. Na shinshina, na shafa a yatsa. Na ce da jini ne ai masu aikin dare sun gani, ko da yake ban san ko suna ja su duba ba, kuma ban isa in tambaya ba, don tambayar za ta jawo wata. Da Madam ta ce wace kala, na ce, "Kamar jiya." Ita ma gaskiya ce. Na lura tafin hannunsa ya yi fari, na ce rashin rana ne. Dada ta dube ni da la'asar ta ce, "Ke kin fi mijin naki kama da mara lafiya. Me kika haɗiye?" Na ce ba komai. Ɗakin nan ƙofa biyu gare shi, amma ji nake kamar an liƙe su da siminti. Baba na bayan ɗaya, Madam na bayan ɗayar, ni ina tsakiya da kwanon silba.

Asabar aka rufe hanya. Wani babban baƙo ne zai zo, aka jera 'yan makaranta da matan kasuwa a bakin titi da zannuwa iri ɗaya tun safe, suna rawa suna tafi, ba taksin da ke shigowa daga wajen Agoè. Muna jin ganguna daga ɗakin reya. Baba bai samu zuwa ba. Rabon da tawada ta shiga tiyon nan tun azahar ɗin Juma'a, kuma bayanta farin magani da ruwa sun bi sau da yawa.

Ƙarfe takwas na ja, baƙi. Na ce saura ne. Ƙarfe goma, baƙi. Sha biyu, baƙi, har ya fi kauri, ɗigon ya kwanta a gindin kwano daidai yadda ta kwatanta mini ranar Litinin. Dole in rubuta wannan yadda yake: tun ƙarfe goma na sani. Awa huɗu na ƙara ina zaune ina tsara yadda zan faɗa ba tare da na ambaci kwalbar ba. Ƙarfe biyu na ga ba hanya. Na ɗauki kwanon a hannun dama, kwalbar Baba da ta rage ɗan kaɗan a hagu, na je na tsaya a gaban Madam.

Ta dubi kwanon, fuskarta ta canja. "Tun yaushe?"

"Tun Alhamis da la'asar."

"Alhamis!" Sai ta ga kwalbar. Ta karɓa, ta ɗaga ta wajen haske, ta girgiza. Na jira ta nuna mini ƙofa. Ta ce, "Wannan na malamanku ne?" Na ce na mahaifinsa ne. Ta yi tsaki mai tsawo, ta ce, "Wawiya. Wannan ɗan ruwan ba shi ya huda masa ciki ba. Da kin gaya mini da na ce ki shafa masa, ko in ba shi da kaina in san abin da nake gani. Kin rufe mini ido kwana biyu." Ta dangwarar da kwalbar a kan tebur ta fita da gudu tana kiran likita.

Ba ta kore ni ba. Ban sani ba ko tausayi ne, ko don ba ta da wanda zai riƙe awa biyun. Aka wanke masa ciki da ruwa mai sanyi ta tiyon nan, ana turawa ana ja, har ya fara fitowa da haske. Aka rubuta wata allura da aka ce tana hana tumbi fitar da tsami, aka ce kuma sai an ƙara masa jini. Namu duk suna can bayan hanyar da aka rufe. Aka ɗebi nawa leda ɗaya, Dada ta tsaya a kaina tana fifita ni da murfin kwano tana zagina da yarensu. Washegari da hanya ta buɗe, mazan Zongo suka cika baranda suna naɗe hannun riga.

Baba ma ya zo da kwalbarsa. Na karɓa da hannu biyu. Na kai wa Madam kai tsaye, ta ce a jiƙa auduga a shafa masa a leɓe da goshi, haka na yi. Da ya tambaya ko ya sha, na ce, "Ya samu, Baba." Bai ƙara tambaya ba.

Litinin ruwan tiyo ya koma ruwan ɗorawa. Na fara sa rai. Laraba da safe, ina riƙe da sirinji ina jiran takwas ta cika, numfashinsa ya yi wani irin tsalle, ya tsaya. Likita ya ce mini kai ne, raunin ya yi yawa tun farko. Madam tana naɗe tiyon, ban tambaye ta ba. Na san likitoci sukan zaɓa wa mace maganar da za ta iya ɗauka zuwa gida.

Na yi takaba wata huɗu da kwana goma a ɗaki ɗaya, kuma duk awa biyu sai in ji jikina ya zabura. Daga huɗun yammar Alhamis zuwa biyun ranar Asabar, kwana biyu ne babu awa biyu. Na lissafa shi ta kowace fuska, bai taɓa raguwa ba. Baba ya rayu shekara shida bayan nan, ina kai masa abinci ina durƙusawa. Ya tafi yana ganin ya yi wa ɗansa abin da uba zai iya, kuma gaskiya ne, ya yi. Ban taɓa gaya masa ba. 'Ya'yana ma a nan za su fara ji.

Na san kwana idan ya ƙare ba mai ƙara shi, malamai sun gaya mini, na kuma yarda. Ba wannan nake tambaya ba. Ina roƙon duk wanda ya karanta, in likita ne ko nas, ko wanda ya yi aiki a irin ɗakin nan, ya aiko mini da amsa ta hannun waɗanda suka buga wannan rubutu. Mutumin da ya bugu a kai, in jini ya tsiyaya a cikinsa kwana biyu ba a sani ba, hakan yana rage wa kan ƙarfin warkewa? Da na faɗa ranar Alhamis, da akwai abin da zai canja? Kada a lallashe ni, na tsufa da lallashi. Ina kuma so in san ko har yanzu farin maganin nan ake bayarwa duk awa biyu, ko an samu abin da ya fi shi, kuma ko ana tambayar masu jinya a hankali abin da aka kawo musu daga gida. In kuwa akwai wanda ya san wata gajeriyar nas 'yar Ewe da ta riƙe ɗakin reya a shekarun nan, mai kiran mutum Awusa, in tana raye a gaya mata ina nemanta. Ita ta ga kwanon da idonta.